Yawon ramukan yaƙi na Ieper: dattijon da bindigar Lewis sun burge ni, kamfanin kuwa ya ɓata min rai

Ku da kuke ganin tallar nan ta yawon wuni guda zuwa ramukan Yaƙin Duniya na Ɗaya a yankin Ieper na Beljiyam, garin da Faransawa ke kira Ypres, na je na dawo, ga abin da na tarar. Kuɗin da kamfanin yawon ke karɓa ba ƙaramin abu ba ne ga ɗan makaranta ko mai aikin awa-awa. Ni abu ɗaya ya sa na cire kuɗin nan daga aljihuna: layin da suka rubuta cewa za a ba mutum bindigar Lewis ta gaske, wato mashingar sojojin Ingila ta wancan yaƙin, ya riƙe, a warware masa ita ya ga cikinta, sannan a kai shi wurin dutsen tunawa da tsohon sojan Ingila Harry Patch kusa da ƙauyen Langemark. Na daɗe ina karanta labarin wannan bindiga, ban taɓa sa mata hannu ba.

Da safe aka fara kai mu maƙabartar Tyne Cot, inda kaburbura kusan 12,000 ke jere, yawancinsu ba a ma san sunan wanda ke ciki ba. Jikina ya yi sanyi ƙwarai. Daga nan motar ta shiga wata gona, aka tsaya ƙofar wani tsohon rumbun ajiya. A bakin hanya akwai tsatsattsun kwansayen bom da manoma suka tono da garma, an ajiye su sai sojoji masu kwance bom sun zo ɗauka. Haka ake yi a yankin har yau.

A cikin rumbun muka sami dattijon. Shi ne mai tarin kayan, ba ma'aikacin kamfanin ba ne, kawo masa baƙi suke yi. Bai tsaya dogon gabatarwa ba, sai ya ɗago bindigar daga kan tebur ya ɗora min a hannu biyu. An kashe ta, an toshe hancinta, ba ta harbi, amma duk sauran sassanta suna motsi. Wallahi sai da na ja baya da ƙafa ɗaya don in daidaita. Kilo 13 ce babu harsashi ko ɗaya, tsawonta ya haura mita ɗaya da kwata, kuma nauyin duk a gaba yake. Na ce, "Yallaɓai, da wannan mutum ke gudu cikin taɓo?" Ya ce da ita, sannan ya nuna min babbar mashingar Vickers da ke can lungu a kan ƙafafunta uku. Ita mai jigida ce, ruwa ake zuba mata wajen lita huɗu don kada hancinta ya yi zafi, ƙafafun kaɗai sun fi Lewis nauyi, kuma mutum shida ko fiye ke ɗawainiya da ita. Vickers idan an kafa ta an kafa ta. Da zarar sojoji sun fito daga rami sun tunkari abokan gaba, a baya suke barinta. Lewis ce ta zama mashingar da ke bin su, mutum ɗaya ya saɓa ta, ya kwanta a ramin da bom ya haƙa ya buɗe wuta.

Abin da ya fi burge ni shi ne dattijon bai yi ƙwauron gaskiya ba. Wani Bature cikinmu ya ce ai ƙirar Ingila ce, sai ya girgiza kai. Ba'amurke ne ya haɗa ta, Kanar Isaac Newton Lewis, a 1911, shi ma a kan aikin wani mai suna Samuel Maclean ya ɗora. A watan Yuni na 1912, a College Park ta jihar Maryland, Kyaftin Charles Chandler ya hau jirgin sama irin na 'yan uwan Wright ya harba ta daga sama, karo na farko ke nan da aka harba mashinga daga jirgi. Duk da haka sojan ƙasarsa suka ƙi karɓarta. Tsakanin Lewis da Janar William Crozier, shugaban sashen makamai, babu jituwa, kuma mutane da yawa na ganin wannan gabar ce ta hana. Sai Kanar ya ajiye aiki a 1913, ya tsallako Beljiyam ya kafa kamfani a birnin Liège, ya kuma ƙulla yarjejeniya da masana'antar makamai ta BSA da ke Birmingham a Ingila. Wannan yarjejeniya ce ta cece shi, domin a watan Agusta na 1914 Jamus ta mamaye Liège. Da a nan kaɗai ake ƙera ta, da labarin ya ƙare tun a makon farko na yaƙi. Ingila ta amince da ita a hukumance cikin Oktoba 1915, watan da ta kafa runduna ta musamman ta masu mashinga, aka fara kwashe Vickers daga bataliyoyi ana cike gurbin da Lewis. Kuɗin ƙera ta ya fi na Vickers, amma ta fi saurin fitowa daga masana'anta, kuma a lokacin sauri ake nema.

Daga nan ya fara warware ta, a nan ne na ji kuɗina sun fara dawowa. Wannan katon bututun da ake gani a hoto, wanda yawancinmu ke ɗauka shi ne hancin bindigar, riga ce kawai. Ya sa na leƙa ta baya, na ga fukafukan alminiyam jere a tsaye kewaye da ainihin hancin, siriri a tsakiya. Dabarar Kanar ita ce, duk harbin da aka yi, iskar da ke fita ta baki za ta zuƙo sabuwar iska daga baya ta ratsa fukafukan ta sanyaya ƙarfen, ba sai an nemi ruwa ba. Dattijon ya ce ana ta gardama ko rigar tana da amfanin da ya kai nauyinta, tunda waɗanda aka ɗora wa jiragen sama an cire musu ita, kuma a Yaƙin Duniya na Biyu an raba irin waɗannan tsiraran ga dakarun tsaron gida na Ingila, suka yi aiki da su a ƙasa. Ni dai a ganina, wanda ya kwana cikin ramin da ruwan sha ma da ƙyar ake kawo shi, ba zai raina bindigar da ba ta shan ruwa ba.

Sai gidan harsashin. Zagayayye ne, shimfiɗaɗɗe kamar faifai, a saman bindigar ake kifa shi. Yana cin harsashi 47, na jiragen sama kuwa 97. Ya juya min shi na ga ƙasansa a buɗe, harsasan sun jeru kawunansu na kallon tsakiya. Babu sifirin a cikinsa ko ɗaya, bindigar ce da kanta ke juya shi taki ɗaya bayan kowane harbi. Sifirin ɗin bindigar kuma naɗaɗɗe ne irin na agogo, yana cikin wani ɗan kumburi gaban kunama, da haƙoran da ke cizon sandar da hayaƙin albarushi ke turawa baya. Ya sa na ja hannun ɗanawa a hankali, ina jin haƙoran suna tafiya ɗaya bayan ɗaya a tafin hannuna, faifan kuma ya motsa ƙas. Tana zubar da harsashi 500 zuwa 600 a minti, wato faifai guda bai kai daƙiƙa shida ba idan mutum ya danne kunama bai saki ba. Shi ya sa ake koya wa masu harbi su riƙa yi gajere-gajere, shi ya sa kuma kowace bindiga ke da mutanen da aikinsu ɗaukar faifai ne kawai, kowane cikakke kusan kilo 2.

Ya ɗauko wani faifan da gefensa ya ɗan lotsa, lotsawar da ba za ka kula da ita ba sai an nuna maka. Ya kifa shi, ya ce in ja. Ƙememe ya ƙi juyawa. Ya ce to ka ƙara da laka. A yaƙin Passchendaele, daga 31 ga Yuli zuwa 10 ga Nuwamba 1917, ruwan sama da ruwan bama-bamai sun mai da wannan ƙasa da muke tsaye a kanta caɓi, kuma buɗaɗɗen ƙasan faifan nan laka yake kwasa. Jerin abubuwan da ke sa Lewis ta cije dogo ne, sai mai harbi da mataimakinsa sun haddace su, su iya gyara ta a kwance cikin duhu. Amma ya ce ko da hakan ta fi Chauchat ta Faransa, wadda ba ta kai ta nauyi ba amma gidan harsashinta mai cin 20 a huje yake ta gefe. Abin takaici, sojojin rundunar Marine ta Amurka da suka iso Faransa a 1917 da Lewis ɗinsu, karɓe ta aka yi aka ba su Chauchat. Jamusawa kuwa in suka kama Lewis ba sa yar da ita, juya ta suke yi kan masu ita, har gyara wasu suka yi su ci harsashinsu, domin tasu MG 08/15 ta fi ta nauyi sosai kuma ruwa take sha.

Daga farkon 1917 Ingila ta sake tsarin ƙananan rukunan sojanta, kowane rukuni aka raba shi huɗu: masu bindiga, masu jefa gurneti da hannu, masu harba gurneti da bindiga, sai 'yan Lewis. Su ne ke danne kan abokan gaba da wuta yayin da sauran ke zagayawa ta gefe. Daga nan dattijon ya gangaro kan Harry Patch, mai gyaran famfo daga kusa da garin Bath, wanda shi ne na biyu a kan wata Lewis, mai riƙe da jakar kayan gyara. Ranar 22 ga Satumba 1917 bom ya fashe a kansu, ya kashe uku cikin abokan aikinsa, shi kuma ya ji rauni. Ya rayu har 2009, ya rasu yana da shekara 111, shi ne na ƙarshe cikin sojojin Ingila da suka yi yaƙi a ramukan nan. Dattijon ya ɗauko irin jakar da Patch ke ratayawa, ya fara zazzage abin da ke ciki a kan tebur.

A daidai nan yaron kamfanin ya shigo yana tafa hannu, wai lokaci ya ƙure, kowa ya koma mota. Ku ji fa. A takardar da suka turo min an rubuta awa ɗaya da rabi a wannan rumbu, ko rabin haka ba mu yi ba. Dattijon da kansa ya ce bai gama ba, bai ma fitar da sakatar bindigar ya nuna mana yadda take juyawa ta kulle ba, abin da na fi ƙwallafa rai a kai, tunda wannan tsarin ne daga baya aka bi a FG 42 ta Jamus da M60 ta Amurka. Yaron ko kallonsa bai yi ba. Na ce masa, "Malam, saboda wannan na biya." Ya ce in yi haƙuri, tsarin ofis ne. Na haƙura don ina tsammanin saurin na zuwa Langemark ne, wurin dutsen da ke bakin rafin Steenbeek, inda bataliyar su Patch ta tsallaka a watan Agusta 1917. Ina! Motar ta miƙe cikin gari, aka sauke mu ƙofar wani shagon cakulan da kayan tsaraba, aka bar mu a can fiye da lokacin da muka yi da bindigar. Da na tambayi dutsen, sai ya ce ai mun wuce ta kusa da shi. Ko rage gudu direba bai yi ba, balle a nuna mana.

Da a rumbun aka sallame mu, da tauraro biyar zan ba su ba tare da na yi tunani ba. Yanzu da nake rubutun nan raina sai ƙara ɓaci yake, don sauran abubuwan ma suna dawo min. A fom ɗinsu akwai gurbin abinci, na rubuta ƙarara ba na cin naman alade, aka miƙo min burodi da shi a ciki, na wuni a kan tuffa da ruwa. Na roƙi minti biyar in yi azahar kafin mu bar gonar, aka ce babu lokaci, amma lokacin shago ya samu. A gefen wata mota na haɗa sallolina. Wannan duk zan iya yafewa. Abin da ba zan yafe ba shi ne yadda aka katse tsoho mai ilimi yana tsakiyar magana kan mutanen da suka mutu a wannan ƙasa, don a kai mu sayen alewa. Bai kamata ba, kuma ba ni kaɗai abin ya dama ba, wata tsohuwa 'yar Ostareliya da kakanta ya yi yaƙi a nan har ƙwalla ta yi a mota.

Da dare na rabu da su na tafi ƙofar Menin da ƙafata, inda ake busa ƙaho ƙarfe takwas na kowane dare don tunawa da sojoji sama da 54,000 da sunayensu ke jikin bango, waɗanda ba a ga gawarsu ba. Wannan kyauta ne, ba ka buƙatar kowane kamfani.

Na rubuta musu ina neman su mayar min da wani ɓangare na kuɗina, na haɗa da hoton takardar da ke cewa awa ɗaya da rabi da kuma Langemark. Amsar da suka turo ita ce za su rage min kuɗi idan na sake yin wani yawon da su. Na ce ba na so. Tauraro biyu na ba su, kuma biyun na dattijon ne. Duk wanda zai je, kafin ya tura ko sisi ya sa su rubuta masa minti nawa za a yi a rumbun da ko za a tsaya a Steenbeek, in kuwa suka fara kame-kame ya hau jirgin ƙasa zuwa Ieper da kansa ya ɗauki hayar keke, Langemark ba ta da nisa.