Tsohon fim ɗin gobarar jirgin ruwa ya amfane ni a Damagaram

Gyaran injin wuta nake yi a nan Damagaram, ban taɓa ganin teku ba. Ɗan wana da ke aiki a tashar jiragen ruwa ta Kwatano ne ya turo mini wannan fim a waya, ya ce: "Baba, ka daure ka kalla, ya shafi aikinku." Sau uku na kalle shi.

Tsoho ne sosai. Hoton dishi-dishi, muryar mai bayani tana shaƙewa, sai da na kara wayar a kunne. Amma darasin ɗakin inji ya shige ni. An nuna gazuwal ya kama da wuta, wani ya watsa ruwa, man ya hau kan ruwan yana yawo da wutarsa. Sai aka kawo kumfa, ta lulluɓe shi, ta raba shi da iska, wutar ta mutu. In abin ya gagara, a buga ƙararrawa, a ƙirga mutane ɗaya bayan ɗaya, a toshe kowace kafar iska, sannan a saki iskar CO2. Ƙirgar nan ta tsaya mini a rai, don iskar da ke kashe wutar tana kashe duk wanda aka manta a ciki.

Mu da ƙarancin ruwa ya dame mu, na ɗauka mai teku a gefensa ba shi da fargabar gobara. Ashe ruwan ma haɗari ne. Jirgin Faransa, Normandie, da ya kama da wuta a New York a 1942, ruwan da aka yi ta tuttula masa ne ya kifar da shi.

Inda tsufa ya cim ma fim ɗin shi ne yabon da yake wa halon, wani sinadarin kashe gobara. Tun yarjejeniyar Montreal ta 1987 aka fara janye shi saboda ɓarnar da yake wa sararin samaniya, don haka kada kowa ya fita nemansa. Kuma babu fassarar Hausa, wannan ya dame ni, don yaran shagona su ne suka fi buƙata.

Washegari na duba tukunyar kashe gobara da ke rataye a shagona. Allurar da ke nuna ƙarfinta ta sauka ƙasa, hodar da ke ciki ta daskare. Na kai an sake cika ta, na ajiye bokitin yashi biyu a bakin ƙofa, na zaunar da yaran muka kalla tare ina fassara musu.