Bankin gwamnati da bankin 'yan kasuwa a gaban Babbar Kotun Indiya

Ɗan'uwa, ka ce ƙaninka da ke karatu a Indiya wani bankin 'yan kasuwa ya rufe masa asusu, kuɗin makaranta na ciki, kuma an ba shi shawara ya garzaya Babbar Kotu neman umarnin da lauyoyi ke kira writ, wato umarni na musamman da kotu ke ba hukuma ta bi doka ko ta mutunta haƙƙin mutum. Kafin ya biya lauya ko sisi, ya fara duba ko bankin na wane ne.

In na gwamnati ne, kamar State Bank of India da aka kafa da dokar majalisa a 1955, ko bankunan da gwamnati ta karɓe a 1969 da 1980, hanya a buɗe take. Sashe na 12 na tsarin mulkinsu yana ɗaukar irin waɗannan hukumomi a matsayin gwamnati, don haka Babbar Kotu za ta iya saurarensa ƙarƙashin sashe na 226, wanda ya ba ta ikon ba da writ. Ko a nan ma, in rigimar ta kwantiragi ce zalla, alƙali kan ce a koma kotun farar hula.

Bankin 'yan kasuwa kuwa labarinsa daban. Sashe na 226 ya ce kotu na iya ba kowane mutum ko hukuma umarni, kuma wannan lafazin ne ke yaudarar mutane. A 2003 Kotun Ƙoli ta fayyace zancen a shari'ar Federal Bank da Sagar Thomas. Manajan reshe ne aka kora, ya je Babbar Kotun Kerala ta karɓi ƙararsa. Hujjar ita ce Babban Bankin Indiya na sa wa bankin ido ƙarƙashin dokar bankuna ta 1949, don haka aikin jama'a yake yi. Kotun Ƙoli ta ce a'a. Sa ido daban, mallaka daban. Kasuwanci ne na masu hannun jari, ko da dokoki sun yi masa katutu. Amma ta bar ƙofa ɗaya: in wata doka ta ɗora wa bankin wani wajibi takamaimai ya ƙi cikawa, ana iya tilasta shi da umarnin mandamus, wato nau'in writ da ke sa a cika wajibin da doka ta ɗora.

Na san abin da ke ruɗa mu. A Najeriya mun saba ganin an kai banki ƙarar take haƙƙi ƙarƙashin sashe na 46 na tsarin mulkinmu, sai mu ɗauka ko'ina haka ne.

Abin da zan so ƙaninka ya yi shi ne ya je reshen da kansa, ya nemi a rubuta masa dalilin rufewar. Sau da yawa ba bankin ne ya ga dama ba, takarda ce ta zo daga 'yan sandan yaƙi da zambar intanet, wataƙila daga wata jiha da bai taɓa takawa ba, saboda wani kuɗi da ya faɗo asusun. In haka ne, abokin shari'arsa 'yan sanda ne, su kuwa writ na kama su sarai, a sa bankin a cikin ƙarar.

In kuwa bankin ne ya yi gaban kansa, ko takardun ƙaninka na biza da fasfo ne ba a sabunta ba, ya rubuta musu koke ya riƙe shaidar karɓa. Kwana 30 ba amsa mai gamsarwa, ya kai wa jami'in sauraren koke na Babban Bankin Indiya. Wannan kyauta ne, kuma ta intanet ake shigar da shi.