Sharhi kan atisayen fuska wurin likitar gashi

Duk wanda bakinsa ya karkace, ido ɗaya ya ƙi rufuwa, ina ba shi shawarar ya nemi likitan gashi, wato mai yi wa gaɓoɓi atisaye (physiotherapist), da ya ƙware a kan fuska. Nawa ciwon shi ne wanda likitoci ke kira Bell's palsy, wato kumburin jijiya ta bakwai mai motsa naman fuska. An ba ni prednisolone, maganin rage kumburi, cikin awa 72 na farko kamar yadda ake so, kuma yawancin masu ciwon sukan warke sarai cikin 'yan watanni. Ni dai nawa ya bar saura: in na yi murmushi ko ina tauna, sai ido ya tsuke da kansa, domin jijiyar da ta sake tsirowa ta bi hanyar da ba tata ba.

Abin da ya fi burge ni a aikin likitar shi ne hana ni yin da ƙarfi. Babu taunar cingam, babu wage baki. Takan zaunar da ni gaban madubi, ta ce in ɗaga gefen leɓe kaɗan, in tsaya da zarar fatar ido ta fara motsi, sannan in sa yatsa ta cikin baki in sassauta kumatun da ya ɗaure. Aiki ne mai cin rai, ga shi sakamakon sai a hankali. Ta kuma sa ni maimaita kalmomi masu "b", "f" da "m", waɗanda iska ke sulale mini ta gefen baki in na zo faɗarsu. Yanzu a waya ba a cika ce mini "me ka ce?" ba, kuma ruwa ya daina zubo mini in ina sha.

Inda likitar da abokan aikinta suka gaza shi ne ɓangaren zuciya. Suna auna motsin gira da na leɓe, amma ba wanda ya tambaye ni yadda nake ji in na ga fuskata a hoto na kasa gane ta. Mutane fuska suke karantawa kafin su ji magana. Ina cikin farin ciki a ɗauka fushi nake, in yi murmushi a zaci yatsina ce, har na koma rufe baki da hannu in dariya ta zo. Ya kamata wuri irin wannan ya haɗa mutum da mai ba da shawara, ko da wasu masu irin larurar.

Idon kuwa ba su yi wasa da shi ba. Tun zuwan farko aka duba ko ina ɗiga maganin hana bushewa da rana, kuma aka nuna mini yadda zan liƙe fatar idon da filasta kafin in kwanta.