Dankali mai jan ciki: sau uku na kirɓa shi kafin na gane kansa

A gidanmu dankalin Hausa hanyarsa uku ce: a soya a ci da yaji, a dafa a ci da mai da ƙuli-ƙuli, ko a yi fate. Ban taɓa kirɓa shi na ajiye a gefen nama ba, sai ranar da mai kayan miyan da nake saya a wajensa ya turo min wani kashi ya ce, "Hajiya, gwada wannan, cikinsa kamar karas." Na karce ɓawon da farce, sai ga shi ruwan lemo. Ya fi farin da muka saba tsada, kashin kuma bai kai nasa girma ba. Na saya dai.

Girkin farko ɓarna na yi. Na fere shi, na yanka, na cika tukunya da ruwa kamar yadda nake yi wa fari. Ashe shi wannan ba ya da garin da fari ke da shi, ruwa ne da shi tun daga gona. Kafin na gama jajjage ya narke. Na ƙara wa kaina aiki na zuba shi a bilenda har da madara, ya fito kamar kunu, ga zaƙi har yana hawa kai. Maigida ya ɗaga cokali, ya duba, ya ce, "Wa za a yaye a gidan nan?"

Karo na biyu na ɗauko madambaci. Na wanke guda 5 matsakaita, na turara su da ɓawonsu kamar minti 25, har wuƙa ta shige ba gardama. Da zafinsu ɓawon ke saluɓewa da hannu. Ban nemi turmi ba, bayan ludayi ya ishe shi. A gefe na narka man shanu cokali 3, na soya albasa har ta yi ja, na sa tafarnuwa, attaruhu ɗaya da 'yar daddawa, na juye a kai da gishiri da masoro. Daddawar nan ce ta yi aikin. Ita ta danne zaƙin, abin ya tashi daga kayan maƙulashe ya koma abinci. Da na ɗiga lemon tsami a ƙarshe sai ɗanɗanon ya daidaita. Da gasasshiyar kaza muka ci, ba a bar ko ƙanzo ba.

Man shanun ba don daɗi kaɗai ba ne. Launin nan na cikinsa sinadarin da ke cikin karas ne, wanda jiki ke mayarwa bitamin A, kuma sai da maiƙo jiki ya fi ɗaukarsa. Saboda shi ma aka yaɗa irin. Cibiyar binciken amfanin gona masu saiwa da ke Umudike a Jihar Abiya ta fitar wa manoma ire-irensa, ciki har da King J da Mother's Delight, kuma a 2016 masana uku da suka yi aiki a kan wannan dankali a Afirka suna cikin waɗanda aka ba babbar kyautar abinci ta duniya. Ni dai abin da na gani a tukunyata shi ne yaran da ke ture karas gefen faranti sun cinye wannan tas.

Sai dai surukata ta ce bai zauna mata a ciki ba, wai kamar ba ta ci komai ba. Da gaskiyarta. Shi ya sa a karo na uku na haɗa kashi biyu na ja da kashi ɗaya na fari. Farin ya ba shi jiki, har ana iya mulmula shi kamar tuwo, launin kuma bai gudu ba. A haka na tsaya.

Suya kam ban ji daɗinsa ba. Na gwada da ragowar guda biyu, suka sha mai suka yi laƙwas, babu ƙaras-ƙaras ɗin da fari ke yi. In suya za ki yi, ki riƙe farinki. In kuwa kirɓawa ce, ya cancanci ƙarin kuɗin, amma ki karce ɓawo kafin ki biya, don akwai mai jan baya da cikinsa fari ne tas.