Durowar sabulu ta injin wanki mai ƙofa a gaba: abin da amfani da ita ya nuna

Injin da ake magana a kai mai ɗaukar kilo 7 ne, irin mai ƙofar gilashi a gaba. Wankinsa ba laifi, amma yawancin ƙorafin da ake yi a kansa, wato fari-farin gari a jikin baƙaƙen kaya, warin danshi, ko kumfa na ɓulɓulowa ta gaba, daga durowar sabulu yake farawa.

Gida uku ne a cikinta. Mai alamar II shi ne mafi girma, nan ake zuba omo na ainihin wanki. Mai alamar I na jiƙon farko ne, kuma injin ba ya aika masa ruwa sai an zaɓi wannan tsarin da hannu. Duk wanda ya zuba omo a I bai zaɓi jiƙon ba, da ruwa zalla aka wanke masa kaya, garin kuma yana nan zaune. Na uku mai hoton fure na ruwan tausasa kaya ne, sai a ɗaurayar ƙarshe ake ɗaukarsa. A duba alama, kada a dogara da hagu ko dama, don jerin ya bambanta daga inji zuwa inji.

Gidan furen ya fi rikita mutane. Akwai wata 'yar hula ta roba da ta rufe siririn bututu a cikinsa. Idan injin ya ƙaro ruwa har ya haura kan bututun, sai ya zuƙe komai ƙasa gaba ɗaya. Shi ya sa aka ja layin MAX, wato iyakar zubawa. Da zarar an wuce layin, ko an banko durowar da ƙarfi ruwan ya fantsama, zuƙar za ta fara nan take, ya gauraya da omo tun farkon wanki, a yi asararsa. Mai kauri kuma a sirka shi da ɗan ruwa kafin a zuba, in ba haka ba ya daskare ya toshe bututun. In aka tarar da ruwa cike a gidan bayan an gama wanki, toshewar ce.

Babban raunin durowar shi ne da ƙarfin ruwan famfo take aiki. Ruwa ne ke feso wa ta ƙananan huji a rufin gidanta ya kora garin zuwa ganga, wato inda ake sa kaya. Yawancin waɗannan injina suna son matsin da ya kai rabin bar (ma'aunin matsin ruwa), wato tanki ya kasance sama da injin da kusan mita 5. A gidajen da tankin sama bai kai haka ba, ruwan zuwa yake babu ƙarfi, ya jiƙa garin ya bar shi dunƙule kamar tuwo. Kafin a zargi injin, a kwance tiyon baya a wanke 'yar rariyar da ke bakinsa, don yashin rijiyar burtsatse yana cika ta. In hakan bai wadatar ba, a sa ƙaramin injin ƙara matsi, ko a riƙa zuba garin cikin gangar kai tsaye kafin a sa kaya.

Batun yawa, a bi ma'aunin da ke jikin leda, a rage idan kayan ba su cika ganga ba. Omo na wankin hannu bai dace ba sam: kumfarsa tana da yawa, tana hana kaya gugar juna, injin kuma ya yi ta ƙara ɗauraya yana cin ruwa da wuta. A nemi wanda aka rubuta na inji ne. Sabulun ruwa yana gangarewa da zarar an zuba shi a II, sai dai in akwai 'yar katangar roba da ake saukewa, don haka bai dace da wankin da aka sa wa jinkirin farawa ba. Masu kama da alewa a leda kuwa ba sa shiga durowa ko kaɗan, ƙasan ganga ake jefa su.

Jiƙon farko yana da amfani ga kayan makarantar yara lokacin hunturu ko rigar bakanike. Kashi ɗaya cikin huɗu na garin a I, sauran a II.

Sau ɗaya a wata a danna maɓallin da ke gidan fure, a zaro durowar, a cire hular, a wanke da ruwan ɗumi da tsohon buroshin haƙori, har da hujin rufin. Kada a haɗa bilic da ruwan tsami na binega wajen wannan wankin, hayaƙin da ke fita guba ne. A bar ta ta bushe sarai kafin a zuba gari, bayan kowane wanki kuma a bar ta a ɗan buɗe, tare da ƙofar, saboda fumfuna.