Jinyar mai tiyo a ƙirji: yadda na ga aikin wod ɗin tiyata na wani babban asibiti

Idan maki zan ba su, likitocin emajensi da nas-nas ɗin safe sun ci huɗu cikin biyar, masu aikin dare da ɓangaren sallama kuma biyu ma da ƙyar. Ba zan kama sunan asibitin ba tunda akwai ƙorafi a maganata, babban asibitin gwamnati ne dai a nan Arewa, kuma nasan duk wanda ya taɓa zaman jinya a irinsa zai gane abinda nake faɗa.

Ƙanina ne ya faɗi da babur, haƙarƙarinsa ya karye, tsinin ƙashin ya soki huhun dama, iska ta riƙa fita tana taruwa tsakanin huhu da bangon ƙirji har ta danne huhun ya motse. Yana numfashi sama-sama, magana ma sai da ƙyar, amma wasu a gida har sun fara zancen a kira mai ɗori. Jama'a don Allah, mutum ya bugu a ƙirji kuma numfashi na yi masa wuya, wannan ya wuce ɗori, iskar nan idan ta ci gaba da taruwa ba hanyar fita tana iya tura zuciya gefe ta kashe mutum cikin mintoci.

A emajensi gaskiya ba su ɓata lokaci ba. Oksijin, hoton ƙirji, sai likita yace za a saka tiyo a ƙirji don fitar da iskar da ta taru. A ƙasan hammata ake sawa, tsakanin haƙarƙari na 4 da na 5 ko na 5 da na 6, kuma ta saman ƙashin ake bi saboda jijiyoyin jini a ƙasan kowane haƙarƙari suke kwance. Allurar kashe wajen kawai aka yi masa, idonsa biyu, aka tsaga kaɗan aka zura aka ɗinke tiyon da fata, aka jona da kwalba mai ruwa, aka sake hoto don a ga inda bakin tiyon ya tsaya. Nan take numfashi ya fara saukowa. Abinda ya ɓata min rai kawai shine lis ɗin kaya da aka miƙo mana, tiyon da kwalbar da zaren ɗinki har safar hannu, duk mu je mu siyo, kuma kemis ɗin ciki babu kwalbar sai a waje. Mutum na haki a kan gado ɗan uwansa na zagaye shaguna da takarda a hannu, wannan tsari bai yi ba sam. Ko da kuɗi za a biya daga baya ya kamata ace kayan suna ajiye a emajensi.

To amma ni a ganina saka tiyon shine ƙaramin aikin, bai fi rabin awa ba. Jinyar gaske tana wajen kwalbar nan da ke ƙasan gado dare da rana, kuma a asibitocinmu kowa ya sani mai jinya ne ke zaune kusa da ita, ba likita ba. A nan ne wata Sista ta aikin safe ta burge ni ƙwarai, Allah ya saka mata da alheri. Ta kira ni tace "Malam zo nan, kai ne zaka kwana da shi ko? To tsuguna ka kalli kwalbar nan da kyau." Ta nuna min bakin tiyon da ke nutse cikin ruwa kamar santimita 2, akwai layi a jikin kwalbar da ruwan bai kamata ya gaza shi ba. Tace kamar ka saka tsinken shan lemo ne a kofin ruwa ka hura, iska zata fita tayi kumfa amma ba zata iya komowa ba, ruwan shine ƙofar. Dabarar ma tsohuwa ce, tun 1875 wani likitan Jamus Gotthard Bülau ya fara amfani da ita a Hambug don fitar da mugunya daga ƙirji, har yau kuma ita ake yi.

Dokarta ta farko, kwalba kullum tana ƙasa da ƙirjin mara lafiya, ko banɗaki zai je ya riƙe ta ƙasa da ƙugu, kar wani mai son taimako ya ɗaga ta ya ɗora kan gado ko kan loka, abinda ke ciki zai koma ƙirji. Sai ta nuna min yadda ruwan cikin tiyo ke hawa da sauka idan yana numfashi, tace wannan alama ce hanya a buɗe take, idan ya tsaya cak ko dai tiyon ya lanƙwashe ko ya toshe da jini ko kuma huhun ya gama buɗewa, kuma ba ni zan yanke hukuncin wanne ne ba, in kira su. Kumfa idan yayi tari na nufin har yanzu huhu na yoyon iska. Inda ta fi ɗaga murya shine maganar matse tiyo, tace ko wa yazo yace a matse shi da almakashi ko a ɗaure alhali yana kumfa in ce a'a sai likita yazo, don matsewar ce ke mayar da mutum cikin haɗarin da ya kawo shi. Idan mahaɗar tiyo ta rabu a mayar nan take a kira nas, idan kuma tiyon ya fice gaba ɗaya daga jiki a rufe ramin da bandeji mai tsabta a ƙwala kira. Kar in zubar da abin cikin kwalba da kaina, su ke aunawa suna rubutawa, tunda idan jini ya riƙa zuba kamar mililita 200 duk awa na wasu awanni wannan maganar tiyata ce. Duk bayanin nan bai ɗauke ta minti goma ba, amma na lura ba kowace nas ke yi ba, mai jinyar gadon da ke kallonmu babu wanda ya gaya masa komai, a wajena ya ji.

Dare kuwa sai a hankali. Nas ɗaya ko biyu ga wod guda cike da mutane, ba zan ce laifinsu bane kai tsaye, amma mara lafiya ba ruwansa da wannan lissafi. Akwai daren da yaron ya juya ya kwanta kan tiyon, ruwa ya daina motsi, gefen ƙirjinsa zuwa wuya ya ɗan kumbura, idan ka taɓa fatar sai kaji tana ƙaras-ƙaras, iska ce ta shiga ƙarƙashin fata. Na je tebur ba kowa, na jira, na koma, sai da aka jima sannan aka zo aka warware tiyon aka kira likitan da ke kan aiki. Alhamdulillahi bai yi nisa ba, amma da mai jinya barci yake fa? Haka maganin ciwo, a rubuce yake amma lokacin bayarwa sai ka bi sahu kana tuni. Kuma wannan ba maganar shagwaɓa bace, tiyo tsakanin haƙarƙari akwai azabar ciwo, mutum idan yana jin ciwo ba zai yi tari ba, ba zai ja dogon numfashi ba, majina ta kwanta, huhu yaƙi buɗewa, daga nan sai nimoniya.

Masu fisiyo, wato ma'aikatan da ke sa mara lafiya motsa jiki, sun kyauta. Suka sa shi zama, suka sa shi tattaki a baranda da kwalbarsa a hannu, suka koya masa rungume filo a ƙirji kafin yayi tari, da ɗaga hannun dama kar kafaɗa ta sandare. Sun sa mun sayi 'yar robar nan mai ƙwallaye uku da ake zuƙa, bata da tsada sosai kuma tayi amfani, don yaro yana ganin ƙwallo na tashi sai ya dage.

'Yan dubiya kuma wani babi ne. Mu mutanen kirki ne wajen zumunci, amma a zo mutum goma a kewaye gado, ga kuloli ga ledar lemo da ayaba ga yara, kwalba kuma tana ƙasa ba mariƙi, ƙafa ɗaya ta isa ta kifar da ita, kuma idan ta kife bakin tiyo ya fita daga ruwa iska ce zata koma ciki. Wod ɗin basu da abin rataye ta kuma basu hana cunkoso, mu muka samo bokiti muka zaunar da ita a ciki muka tura ƙarƙashin gado.

Cirewa ta tafi lafiya. Sai da kumfa ta ɗauke kwana guda cur, hoto ya nuna huhu ya cika wajensa, sannan likita yace ya ja numfashi ya riƙe, aka zare da sauri aka ɗaure zaren aka rufe, aka sake hoto. Amma sallama, kai, takardar magani da ranar dawowa kawai aka miƙo. Sai da na tsare likitan da tambaya, saboda yaron na da niyyar Umara, sannan yace ai ba zai hau jirgi ba sai hoto ya tabbatar komai ya koma daidai kuma a ƙara aƙalla sati biyu tunda nasa na rauni ne, don iskar da ta rage a ƙirji kumbura take a sama. Sigari da shisha kuma a bar su, musamman ga waɗanda nasu ke zuwa haka kawai ba haɗari, irin samarin nan dogaye sirara ko masu tarin fuka, su yafi dawo wa. Idan ciwon ƙirji ko haki ko zazzaɓi ya taso, ko wajen ya fara ruwa, a dawo ba sai ranar asibiti ba. Wannan duk ai kamata yayi a faɗa ba sai an tambaya ba.

Zan iya kai wani can? Eh, don hannun likitocin yana da kyau kuma akwai masu tiyatar ƙirji idan yoyon yaƙi tsayawa, abinda ƙananan asibitoci da yawa basu da shi. Amma a tafi da kuɗin kaya a hannu, a samu masu jinya biyu da zasu riƙa karɓar juna da dare, kuma ranar sallama a karɓi hotunan ƙirjin a tafi da su gida, ana buƙatarsu ranar cire zare.