Kyamara da soket masu haɗi da wayar hannu: wane kamfani ya dace da gida a Gombe?

Daren da aka haura katangar gidana a Tunfure aka kwashe batiran inbata guda biyu, akwai kyamara a saman ƙofa, irin mai sola da ake sa wa sim, kuma garejin da batiran suke ciki take kallo kai tsaye. Muna dawowa daga sallar asuba na hau tsani na ciro memorinta na sa a kwamfuta, raina a kwance cewa yau zan ga fuskar mutumin nan. Sunayen fayilolin duk suna nan a jere, na jiya da na shekaranjiya, amma ko ɗaya ya ƙi buɗewa. A jikin memorin an rubuta 128GB. Da na kai wa wani yaro mai gyaran waya ya gwada, ya ce min: "Baba, wannan ainihin cikinsa bai wuce 8GB ba." Ita kuwa kyamarar, ba sunan kamfani a jikinta, babu a kwalinta. Tun daga ranar tambayar da nake yi wa kowace na'ura ɗaya ce: in aka ɗauke wuta, data ta ƙare, mai shagon ya tashi daga inda yake, me zai rage a hannuna?

Da wannan tambayar na bi manyan kamfanonin ɗaya bayan ɗaya. A duniya, masu riƙe da ragamar kasuwar kayan gida da ake sarrafawa ta wayar hannu su huɗu ne. Amazon ta fito da sifikar Echo mai Alexa, wadda ake ba umarni da baki, a 2014, ta sayi kamfanin Ring mai kyamarar ƙofa a 2018. Google ta sayi Nest, kamfanin na'urorin gida, a 2014 kan dala biliyan 3.2. A wannan shekarar dai Samsung ta sayi SmartThings, Apple kuma ta sanar da HomeKit, dukansu tsarin sarrafa kayan gida ne ta wayar hannu. Kayansu na da kyau, ba na musu. Sai dai an ƙera su ne don gidan da wuta ba ta ɗaukewa, intanet ɗinsa kuma ba a auna shi da cokali. Ring ba ta ajiye maka bidiyo sai kana biyan kuɗin wata, kuma da kuɗin waje, wannan kaɗai ya fitar da ita daga lissafina. Nest ma rabin amfaninta yana bayan biyan wata. Apple sai gidan da kowa ke riƙe da iPhone. SmartThings ta fi amfani in talabijin ɗinka da firij da na'urar sanyaya ɗaki duk na Samsung ne, in ba haka ba ka wuce. Sifikokin da ake ba umarni da baki kuwa ba sa jin Hausa, kuma a gidana wadda ta fi kowa buƙatar kashe fitila ba tare da ta tashi ba ita ce Hajiya, mahaifiyata, wadda ba za ta zauna tana yi wa gwangwani Turanci ba.

Akwai wani tarkon ga masu 'yan uwa a waje. Wutar Amurka volt 120 ce, tamu 230. Soket ko ƙwan fitilar da aka yi don kasuwar can, in ka jona shi a nan, kana iya ganin hayaƙi. In za a aiko maka tsaraba, ka ce a nemo na kasuwar Ingila, mai ƙafa uku irin namu, kuma ka karanta abin da aka rubuta a jikinsa kafin ya taɓa bango.

Abin da ke cika shagunanmu kayan Sin ne, kuma su ma ba ɗaya suke ba. Xiaomi na da kaya barjat a manhajar Mi Home, amma wanda aka yi don kasuwar Sin yakan ƙi shiga asusun da aka buɗe da wata ƙasa, sai ka yi ta fama. EZVIZ reshen Hikvision ne, Imou kuma daga Dahua ta fito, kyamarorinsu nagari ne, ga mai son kyamara kawai. Tuya, wadda ke birnin Hangzhou, ita ba ta cika ƙera kaya da sunanta ba. Ƙwaƙwalwar ciki da manhajar Smart Life take sayar wa masana'antu masu ɗimbin yawa, kowa ya manna sunansa. Shi ya sa za ka ga soket biyu suna aiki da manhaja ɗaya, ɗaya ya yi shekaru, ɗaya ya narke a wata guda. Ganin Smart Life a kwali ba shaidar inganci ba ce, ba kuma shaidar jabu ba.

Ni dai inda na tsaya shi ne Tapo, na kamfanin TP-Link, wanda aka kafa a Shenzhen a 1996, kuma da yawanmu mun daɗe da sanin rautocinsu, wato na'urorin raba wayfai, a ofisoshi. Dalilina na farko shi ne memori. Kyamarar Tapo tana ɗaukar bidiyo ta zuba a katin da ke cikinta, ka duba ta waya a duk inda kake, ba wanda zai tambaye ka ko sisi a ƙarshen wata. Suna da tsarin ajiya na biya, Tapo Care, amma na ganin dama ne. In sabis ya yanke ko data ta ƙare, ba za ka iya leƙawa daga nesa ba, amma muddin tana samun wuta tana ci gaba da ɗauka a katin. Na gwada wannan da hannuna: na cire sim daga rauta, na zagaya gaban kyamarar, na mayar da sim, na tarar da kaina a ciki. A waje na sa C310, wadda aka yi don ruwa da ƙura, ta ci hunturu biyu da zafin watan Maris da Afrilu na garin nan, abin da take buƙata kawai a goge gilashinta da tsumma mai laushi in hazo ya yi yawa. A zaure kuma C200 ce, mai juyawa, kana iya magana da baƙo ta cikinta kana kasuwa.

Dalili na biyu shi ne soket ɗinsu, P110, wanda ke nuna maka wutar da abin da ka jona yake ci. Tun da aka ɗaga kuɗin wutar rukunin Band A, wato unguwannin da aka fi ba wuta, zuwa naira 225 a kowane yunit a watan Afrilun 2024, mai mita ya koyi kallon lamba. Da wannan soket na gano tsohuwar firizar uwargida ta fi duk fitilun gidan da fankoki cin wuta, saboda robar bakin murfinta ta saki, injin ba ya hutawa. Canjin roba kawai aka yi. Sannan akwai wani saiti ƙarami da ba wanda ke faɗa maka a shago: abin da na'urar za ta yi in wuta ta dawo, ta kunnu, ko ta zauna a kashe, ko ta koma yadda take. A ƙasar da wuta ke zuwa ƙarfe biyun dare, wannan saitin ya fi kalolin fitila muhimmanci nesa ba kusa ba.

Tapo ba ta rasa nata cikas. Wayfai take so, kuma yawancin kayan a zangon 2.4GHz kawai suke aiki, don haka in rautarka na kan 5GHz za ka yini kana zargin na'urar. Dole kuma ka sayi ƙaramin UPS ɗin nan, wato batirin da ke riƙe na'ura in an ɗauke wuta, mai fitar da volt 9 da 12, ka ɗora rauta da kyamara a kai, in ba haka ba lokacin da ɓarawo ya fi so, wato duhu, shi ne lokacin da kyamararka ke barci. Kuma kada ka kuskura ka jona sumo ko hita ko na'urar sanyaya ɗaki a ƙaramin soket irin wannan, domin inji yana fizgar wuta mai yawa a lokacin tashi. Don famfon rijiyar burtsatse, ka samu mai wayarin ya haɗa maka ƙaramin Sonoff (makunnin da ake sarrafawa ta wayar hannu) da kontakta (babban makunni mai jure wuta mai yawa), Sonoff ya ba da umarni, kontakta ta ɗauki nauyin.

In ka ga tambarin Matter a kwali, ƙari ne mai kyau. Yarjejeniya ce da ta fito a 2022, wadda Apple da Google da Amazon da Samsung suka amince da ita don kayan wannan su yi aiki da manhajar wancan. Amfaninta yana fitowa ne ranar da kamfani ya juya maka baya. A 2016 Nest ta kashe wata na'ura mai suna Revolv da mutane suka saya kusan dala 300, ta koma kwalin banza. A watan Afrilun 2022 kamfanin Insteon na Amurka ya kashe sabobinsa, wato kwamfutocin da kayansa ke aiki ta kansu, ba sallama, sai da wasu daga cikin masu amfani da kayan suka haɗu suka saye shi suka farfaɗo da shi. In masu suna sun yi haka, ina ga kyamarar da ko sunan uba ba ta da shi?

Yanzu ga inda na fi so ka buɗe kunne, don duk zaɓin da ka yi, jabu na iya rusa shi. Memori shi ne kan gaba. Katin jabu ana shirya shi ne ya yi wa kyamara da kwamfuta ƙarya game da girmansa. Yana cika ɗan abin da yake da shi, sai ya riƙa rubuta sabo a kan tsoho ko ya watsar, sunayen fayiloli kuwa suna ta ƙaruwa, kai kana ganin komai lafiya. Kwafa hoto biyu a shago ba gwaji ba ne. Akwai manhajar kwamfuta kyauta, H2testw, wadda ke cika katin har baki sannan ta karanta shi. Ka ce a yi maka wannan kafin ka biya, ko da zai ɗauki awa biyu. Ka nemi irin da aka yi don ɗauka dare da rana, kamar SanDisk High Endurance ko Samsung PRO Endurance, kuma ka sani ana yawan kwaikwayon sunayen nan biyu. In farashin ya yi ƙasa da na kowa a layin, araha ba ta ado.

Sai kyamarar kanta. Na taɓa tsayawa a wani shago, kwalin ya yi kama da na kamfani sak, mai shagon yana ta rantsuwa: "Alhaji, orijina ce, daga Legas ta zo jiya." Na ce to mu haɗa ta da manhajar kamfanin a wayata yanzu. Sai ya ce ai wannan da wata manhajar take aiki, wadda ta fi sauƙi. Nan na ajiye masa abarsa. Kayan gaske yana shiga manhajar kamfaninsa, lambar jikin na'ura ta yi daidai da ta kwali, kuma yana karɓar sabuntawa. Haka masu sola da sim: farantin solar wasu ado ne, batirin ciki kuma ko sallar isha ba ya kaiwa. Ka ɗaga ta ka ji nauyinta. Ka kuma duba adafta, don ana cire ta asali a sa mai arha a kwalin.

Abin da ya fi jabu haɗari kuwa shi ne mai haɗawa. Da yawa suna buɗe asusun da imel ɗinsu da kalmar sirrinsu, su sa maka manhaja a waya, su tafi. Ma'anar wannan ita ce wani ƙato a wata unguwa yana iya buɗe wayarsa ya kalli gidanka duk lokacin da ya so. Mu da muke da iyali a cikin gida, wannan ba ƙaramin abu ba ne. Ka buɗe asusun da kanka, da imel ɗinka, ka shigar da kalmar sirri yana juya baya, ka kunna tabbatarwa mai mataki biyu. In na hannu ka saya, a goge ta a cire ta daga asusun mai ita na farko a gabanka. Kada ka bar kalmar sirrin da na'ura ta zo da ita. A 2016 wata muguwar manhaja mai suna Mirai da irin waɗannan kalmomin ta mamaye kyamarori da rautoci masu yawan gaske, har aka yi amfani da su aka durƙusar da manyan shafukan intanet a Amurka. Ni ko ta kamfanin da na yarda da shi ban sa a tsakar gida ba. Ƙofa, gareji, zaure da bayan katanga, nan suka tsaya, kuma sai da na nuna wa uwargida abin da kowacce ke gani a wayata kafin a ɗaure ta.

Kowace Juma'a in na dawo daga masallaci nakan buɗe manhajar, in koma daren Talata, in zaɓi wajen ƙarfe uku, in tabbatar bidiyon yana buɗewa har ƙarshe. Rasit da kwalayen kuma suna cikin durowa, da lambar kowace na'ura a rubuce a bayan rasit ɗinta.